Amsa ga malamar CM2: irin maganar da ke shiga kunnen yaro

Wa alaikumus salam, Malama. Kin ce kina da ƴan CM2, ajin ƙarshe na firamare, su saba'in a wata lakwal a nan Damagaram, nasihar safe ta daina shiga kunnensu, kina neman kalaman da za su sa su dage da karatu su kuma gyara hali. Allah ya saka miki da alheri da kika damu da wannan.

Yaro ɗan shekara goma sha ɗaya zuwa sha uku ya wuce lokacin da tafi da "madalla" suke isar sa. Yana gane yabon da aka yi don a sallame shi. Maganar da ke aiki a kansa ita ce wadda ta haɗa abu uku: sunansa, abin da ya yi da hannunsa, da matakin da zai ɗauka na gaba. Ki ɗauki kaye, wato littafin rubutu, na yaron da ya ci uku bisa goma a lissafin rabawa. In kin ce "ka ƙara ƙoƙari", ba ki ba shi komai ba, don bai san ta inda zai ƙara ba. Ki ɗora yatsa a kan aikin ki ce: "Sani, layi uku na farko daidai suke, ka ajiye ragowa a wurinta. A na huɗu ka manta ka sauko da sifili. Sake wannan kaɗai ka kawo mini." Bai kai rabin minti ba, amma yaron ya koma benci da sanin cewa yawancin aikinsa na da kyau, kuma gyaran bai fi ƙarfinsa ba.

Ki kiyayi yabon ƙwaƙwalwa, irin su "kai gwani ne" ko "ke kanki na ja". A 1998 Claudia Mueller da Carol Dweck sun gwada wannan a Amurka kan ƴan aji biyar, tsaran ƴan ajinki. Waɗanda aka yaba wa basira sun fi zaɓen aiki mai sauƙi daga baya, kuma da suka gamu da mai wuya sai gwiwarsu ta yi sanyi, wasu har suka ƙara wa makinsu da baki. Waɗanda aka yaba wa wahalar da suka sha sun fi jurewa. Dalilin a fili yake: wanda aka laƙaba wa gwaninta tsoron rasa sunan yake yi, sai ya guji duk abin da zai iya kayar da shi. Ki yabi abin da ke hannun yaro: ya sake dikte sau biyu, ta yi tambaya da ba ta gane ba, ya zo da ardwaz a goge.

Zagi kuwa ba sai an faɗa ba, amma ana yi, shi ya sa zan faɗa. "Jaki" da "daƙiƙi" ba sa tsayawa a aji. Kafin la'asar sun zama sunan yaron a unguwa, kuma wanda abokansa ke kira jaki ba zai sake ɗaga hannu ba. Haka kwatanta shi da yayansa da ya wuce ta hannunki. Ranar sakamakon kompozisho ma, wato jarrabawar aji, in aka karanta jeri daga na ɗaya har na saba'in, goman farko ne suke murna. Bayan kin kira na ɗaya zuwa na biyar, ki kira waɗanda suka fi matsawa gaba. Wadda ta tashi daga biyu zuwa huɗu da rabi ta yi aikin da ya cancanci aji ya ji sunanta.

Da yara saba'in ba za ki iya yi wa kowa magana kullum ba, kada ma ki gwada. Ki ɗauki biyar a rana, ki sa ɗigo gaban sunansu a rajista. Cikin kwana goma sha huɗu na aji kin zagaye kowa. Amfanin ɗigon shi ne zai nuna miki waɗanda ido ke tsallakewa, masu shiru na tsakiyar aji, da ba su da ƙoƙarin da za a yaba ba su kuma da fitinar da za a tsawata.

Ki yi wannan magana da Hausa, ko da darasin da Faransanci ne. Yara da yawa sun ɗauka rashin jin Faransanci shi ne rashin basira, alhali da yawansu sun haddace izu biyu ko uku a makarantar allo. Ki tambayi yaro inda ya kai a allonsa, sannan ki ce: "Da yaya ka riƙe wannan? Da maimaitawa safe da dare. Jadawalin bakwai ma haka za ka yi masa, layi goma ne kacal." Ya riga ya san hanyar, ba a taɓa nuna masa cewa ita ce ba.

Batun hali ya fi wuya, don nasiha kan gaskiya ba ta da tasiri in mai faɗin gaskiya shi ke shan hukunci mafi tsanani. Wanda ya amsa cewa shi ya kwafi amsar maƙwabcinsa, ki raba masa abu biyu a gaban aji: "Kwafin laifi ne, za ka sake aikin kai kaɗai. Amsawar da ka yi kuwa halin mutanen kirki ne, na gode." In kin haɗa su kika hukunta, sauran sittin da tara sun koyi cewa musu ya fi riba. Kada kuma ki ce wa yaro hali zanen dutse, don kin gaya masa ke nan ba zai sauya ba. Mai fitina ki ba shi amana ƙarama, ajiyar alli ko tara kaye na mako guda, ki ce "na ba ka ne don na ga za ka iya riƙewa", ran Juma'a ki faɗi yadda ya riƙe. Yarinyar da ta makara kuwa, ki tambaya kafin ki yi faɗa. A garin nan mun san wahalar ruwa, wata tun asuba tana layin famfo. "Kin ɗebo ruwa kuma kin zo, sannu" zai sa ta dawo gobe.

Nasihar safen kada ki yar da ita, ki rage ta. Minti biyar, magana ɗaya a mako. Ran Litinin ki rubuta a allo, misali "karatu farkonka maɗaci, ƙarshenka zuma" ko "ramin ƙarya ƙurarre ne", ran Juma'a su kawo inda suka ga hakan da idonsu. Sau ɗaya a wata ki ba su labarin ɗan gari. André Salifou a nan aka haife shi, ya rubuta tarihin Damagaram, yau jami'ar garin nan sunansa take amsawa. Ungozomar unguwa ko wata tsohuwar ɗalibar lakwal ɗin da ke kwaleji ma ta isa, sau da yawa ta fi tasiri don sun san gidansu.

Idan CFEPD, jarrabawar kammala firamare, ta matso, a zafin Afrilu da Mayu, ki daina "duk wanda ya faɗi ya shiga uku". Masu rauni suna jin haka su yanke ƙauna tun kafin ranar. Ki gaya wa kowa abu biyu da zai gyara kafin jarrabawa, ki rubuta masa a bangon kaye. Ki kuma aika wa iyaye ta bakin matan AME, ƙungiyar iyaye mata ta lakwal, don yawancinsu ba a kiran su lakwal sai ɗansu ya yi laifi. Saƙon ya zama gajere: ɗanku ya ci gaba a lissafi, a bar masa rabin awa da fitila bayan isha.