An rufe bankinmu da kuɗin ƙungiya a ciki, mu kai Babban Bankin Najeriya (CBN) kotu ne ko yaya?

Tambaya: Salam Barista. Ni ce ma'ajin wata ƙungiyar gama kai ta mata masu gyaran shinkafa, mu 64 ne. Kuɗinmu naira miliyan 11 da ɗoriya yana wani ƙaramin banki na maikurofainas wanda tun asali ƙungiyoyi irin namu ne suka haɗu suka kafa shi, har muna da ɗan hannun jari a ciki. Yau kwana 19 kenan da muka wayi gari muka ga kwaɗo a ƙofa da takarda manne wai CBN ta soke lasisi. Manaja yace kowace ƙungiya ta kawo dubu 50 a ɗauki babban lauya kotu ta buɗe bankin. Mata sun sa ni gaba har gida ake biyo ni. Mu bada kuɗin?

Amsa: Wa'alaikumussalam Hajiya, Allah ya mayar da alheri. Kar ku yi saurin bada dubu hamsin ɗin nan tukuna, bari ki ji dalili.

Kinga a bankin nan matsayi biyu gare ku, ku masu ajiya ne kuma ku masu hannun jari ne, kuma doka ba ta kallon su ɗaya. Ƙarar da manaja yake magana a kai ta masu banki ce wato masu hannun jari, ba ita ce hanyar da mai ajiya ke bi ya karɓi kuɗinsa ba.

Da can ana yin irin wannan shari'ar har a ci nasara. Savannah Bank an soke lasisinsa a 2002, masu shi suka tafi kotu, sai a 2009 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar musu da lasisin. Shekara bakwai fa Hajiya, masu ajiya na zaune jugum ba su ga tsuntsu ba su ga tarko, kuma ko bayan hukuncin bankin bai dawo yana hada-hada kamar da ba. Toh daga baya sai aka yi sabuwar dokar bankuna ta BOFIA a 2020, sashe na 12 ya zo ya toshe wannan ƙofar. Abu biyu ya ce. Duk wanda zai ƙalubalanci soke lasisi sai ya shigar da ƙara cikin kwana 30 daga ranar da aka soke, sannan ko ya yi nasara kotu ba za ta bada umarnin a mayar da lasisin ba, iyakarta ta ce a biya diyyar kuɗi, diyyar ma ba za ta wuce jarin da aka zuba a bankin ba. Akwai lauyoyin da ke ganin wannan sashen ya ɗaure hannun kotu fiye da kima, ni kaina ina da ja a kansa, amma dai shi ne doka a yau, kuma ba da kuɗin matan da ke turara shinkafa ya kamata a je gwajin wannan muhawarar ba.

Saboda haka duk wanda ya ce miki kotu za ta cire kwaɗon nan, ki ce ya nuna miki sashen da ya dogara da shi. In masu manyan hannun jari suna da hujjar cewa CBN ta yi son rai ko ba ta bi ƙa'ida ba, Babbar Kotun Tarayya ce wurin zuwa kuma saura musu kwana 11, su hanzarta da aljihunsu.

Ku kuma inda kuɗinku yake shi ne wajen NDIC, hukumar inshorar ajiya, ita ke karɓar banki idan an soke lasisinsa, ta tantance masu ajiya, ta sayar da kadarori ta bi bashi. Tun 2024 abin da take biya kai tsaye ga mai ajiya a maikurofainas ya koma har naira miliyan 2, da dubu 200 ne kacal. Amma ga inda gizo ke saƙar, kuma gara ki ji daga bakina yanzu da ki ji a gaban tebur ɗinsu: asusun da aka buɗe da sunan ƙungiya, mai ajiya ɗaya ake lissafa shi. Ba za a ce ku 64 ne a ninka ba. Kenan miliyan 2 ce za ta fara fitowa, ragowar tara da ɗoriyar sai an sayar da gini da motoci an karɓo basussuka sannan a riƙa raba muku gwargwadon abin da aka samu, kuma wannan yana ɗaukar lokaci ba kaɗan ba. Heritage Bank da aka rufe a watan Yunin 2024, rabon farko da aka yi wa masu manyan ajiya a 2025 kwabo 9.2 ne a kan kowace naira. Ban ce naku haka zai zama ba, kowane banki da irin dukiyar da ya bari, amma kar ki je ki yi wa mata alkawarin wata ɗaya ko biyu. Duk wadda take da asusun kanta daban a bankin, ita nata lissafin daban ne, ta je da kanta. Hannun jarinku kuwa shi ne ƙarshen layi, sai an gama da masu ajiya da masu bin banki bashi in wani abu ya rage, ni dai da ni ne sai in cire rai da shi.

In ƙungiya ta ci bashi a bankin, ba a yafe ba don an rufe, za a cire daga ajiyarku kafin a biya ku. Kuma kar wanda ya ƙara miƙa kuɗin biyan bashi ga tsohon ma'aikaci a hannu, ko da kuwa maƙwabcinki ne kuma ya zo da rasit mai tambarin banki, asusun da NDIC ta bayar kaɗai za a zuba.

Abin da za ki yi a satin nan, ki tattara satifiket ɗin rajistar ƙungiya, littafin ajiya, duk wata takardar zuba kuɗi ko da ta yi maiƙo ta yamutse a cikin jaka, sitatimen na ƙarshe, katin shaida da BVN na masu sa hannu, da lambar asusun ƙungiya a wani bankin. Ki yi hoton komai ki ajiye, ainihin takardun kar su bar hannunki. Ku je wajen tantance masu ajiya da NDIC za ta yi, in ya wuce ku akwai ofisoshin NDIC a Kano da Bauchi da Sakkwato. In adadin da ke littafinsu bai yi daidai da naku ba ki rubuta ƙorafi a karɓa a buga miki hatimi a kwafinki, nan ne lauya zai yi muku amfani na gaske, musamman da yake banki in ya shiga hannun masu rushewa, wato NDIC, ba a kai shi ƙara haka kawai sai da izinin kotu.

Wani abu kuma, duk wannan bayanin na yi shi ne a kan cewa bankin yana da lasisin CBN da gaske. In ashe ƙungiyar adashi ce kawai ta rataya allon banki, NDIC ba ruwanta, maganar ta koma ofishin Daraktan ƙungiyoyin gama kai na jiharku.

Su kuma masu biyo ki gida, indai da amincewar ƙungiya aka kai kuɗin can kuma lissafinki ya cika, rushewar banki ba bashi ba ce a wuyanki. Ki kira taron gaggawa, ki baje littafi kowa ta gani, sakatariya ta rubuta abin da aka yanke har da sunayen mutum biyu da za su raka ki wajen NDIC, kowa ta sa hannu ko ta dangwala.