Tsohon littafin tarihin intanet zai yi amfani?

Malam, ka tambaya ko littafin tarihin intanet da aka buga a 1996 zai ishe ka rubutu kan fasaha da dimokuraɗiyya. Zai yi, amma a ɓangaren tushe kawai. Labarin ARPANET, wato hanyar haɗa kwamfutoci da ta zama mafarin intanet, a 1969, da komawarta kan TCP/IP (ƙa'idojin musayar bayanai tsakanin kwamfutoci) a Janairun 1983, da shawarar Tim Berners-Lee ta ƙirƙiro tsarin shafukan yanar gizo (World Wide Web) a cibiyar binciken kimiyya ta CERN a 1989, duk ba su canza ba.

Sai dai ka yi hattara da hasashen littattafan wancan lokacin, cewa intanet za ta ba kowa murya daidai. Facebook bai zo ba sai 2004, badaƙalar Cambridge Analytica, kamfanin da ya kwashi bayanan masu amfani da Facebook don yaƙin neman zaɓe, kuma ta fito fili a 2018. Don batun zaɓe, nemi wanda aka rubuta bayan nan, kuma ka duba shekarar bugun farko, domin sau da yawa bango kawai ake sabuntawa.