Ana rubuta "colonel", me ya sa ake cewa "kanal"?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina karatu a gaban 'yan ajinmu sai na furta "colonel" yadda na gan ta a takarda, "kolonel", aka yi mini dariya. Na kuma ci karo da "defenestration" da "petrichor", sun gagare ni. Don Allah a warware mini.
Ɗalibarka

Amsa: Wa'alaikumus salam 'yata. Kada dariyar nan ta karya miki gwiwa, laifin ba naki ba ne. Ai kin daɗe da sanin kalmar: ita ce "Kanar" da muke kiran hafsan soja da ita. Kunnen Bahaushe ya kama ta daidai daga bakin masu ita, rubutun ne ke yaudara. Asalinta Italiyanci ce, "colonnello", mai jagorantar jerin sojoji. Ta ratsa ta Faransanci ta koma "coronel", a haka ta shiga Turanci a ƙarni na 16. Daga baya aka maido da harafin "l" a rubutu don ya dace da asali, baki kuwa ya ƙi sakin tsohon furuci. Baturen Ingila yakan ce "kaanal", Ba'amurke ya fito da "r" ɗin, "karnal".

"Defenestration", a ce "difenistireshan", ma'anarta jefo mutum ta taga. "Fenestra" taga ce a Latin. Ta yi suna ne saboda abin da ya faru a birnin Prag, babban birnin ƙasar Czech ta yau, a 1618, da Kiristoci 'yan Furotesta suka wurgo wakilan sarki biyu da sakatarensu ta tagar fada. Duk ukun sun rayu, amma daga nan Yaƙin Shekara Talatin ya ɓarke a Turai.

Ita kuwa "petrichor", wallahi ina ƙaunarta. Ki ce "petiriko", domin "ch" ɗin sautin "k" ne, kamar a yawancin kalmomin da aka aro daga Girkanci. Kin san ƙamshin nan da ƙasa busasshiya ke fitarwa idan ruwan farko ya sauka? To, shi ne. Masana kimiyya biyu 'yan Ostireliya, Isabel Bear da Richard Thomas, su suka raɗa sunan a 1964, suka haɗa "petra", wato dutse, da "ichor", ruwan da tatsuniyoyin Girkawa suka ce shi ke gudana a jijiyoyin gumakansu. Tushen ƙamshin wani mai ne da tsirrai ke fitarwa, ƙasa da duwatsu su tsotse shi lokacin rani, sai ɗigon ruwa ya tashe shi zuwa iska. Ranar da hadari ya fara zubarwa, ki fita ki shaƙa, ki kira shi da sunansa.