Kwashe Tsofaffin Kasetin Bidiyo Zuwa Kwamfuta

Malam, game da kasetin VHS na bukukuwan gidanku da kake son kwashewa zuwa kwamfuta, ina ba ka shawara ka hanzarta, domin tun 2016 Funai, kamfani na ƙarshe mai ƙera na'urar kunna kasetin, ya daina, kuma danshi yana lalata zaren kaset. Za ka haɗa na'urar da kwamfuta ta mahaɗin USB mai ɗauko bidiyo, wayar rawaya ta hoto, ja da fara na sauti, sannan ka naɗa da manhajar OBS Studio a PAL, tsarin hoton talabijin da Najeriya ke bi. Kaset mai awa uku, awa ukun zai ci. Kada ka saka wanda ya yi fumfuna, domin zai ɓata kan na'urar, wato sashen da ke karanta zaren. Sunan kowane fayil ya fara da shekarar bikin, kuma ka ajiye kwafi biyu a wurare daban-daban.