Hukuncin Hawa Jirgin Saman da Mutum Ya Ƙera da Hannunsa

Tambaya: Malam, ni makanike ne a Sabon Garin Zariya. Ni da abokaina muna haɗa ƙaramin jirgin sama da injin mota, burinmu ya yi gudu sosai. Ni zan fara hawa, a wani fili bayan Samaru. Mahaifiyata ba ta sani ba. Abokaina sun ce ajali ba ya wuce ranarsa. Ya halatta?

Amsa: Ɗana, ƙira halal ce, babu saɓani. Inda hukunci ya canza shi ne faɗinka "ni zan fara hawa". Malamai suna rataya irin wannan a kan rinjayen zato: in masana sun rinjayar da tsira, ya halatta, in halaka ce ta rinjaya, haramun ne. Kai kuwa babu injiniyan da ya duba aikinka, kuma gudu kake nema. In gudu ya ninka biyu, ƙarfin iskar da ke dukan fuffuke ninki huɗu yake yi, waldar da ta riƙe ƙofar gida ba lallai ta riƙe shi ba. A wannan hali bai halatta ka hau ba.

Maganar abokanka kuwa, kalmar gaskiya ce aka ɗora a inda ba wurinta ba. Sayyidina Umar ya fi su sanin ƙaddara, amma da ya ji annoba ta ɓarke a Sham sai ya juya, ya ce daga ƙaddarar Allah ake gudu zuwa ƙaddarar Allah. Wasu kuma za su kawo maka Abbas ɗan Firnas na Andalus, wanda ya gwada tashi sama da fuffuken da ya ƙera. To shi ma da rauni ya sauka, kuma aikin mutum ba hujja ba ne a shari'a. Sannan in ajali ne hujjarsu, me ya sa ba ɗaya daga cikinsu zai fara hawa ba?

Ka kuma tuna gonaki da gidajen mutane. In jirgin ya faɗa kan wani ya mutu, akwai diyya da kaffarar azumin wata biyu a jere. Dukiyar da ka ɓata kuma biya ne. Tashi ba da izinin hukumar kula da sufurin jiragen sama ta ƙasa (NCAA) ba saɓa wa doka ne, ga jiragen koyo suna shawagi a sararin Zariya.

Kwalejin koyon tuƙin jirgi tana garinku tun 1964, Jami'ar Ahmadu Bello (ABU) ma tana da sashen injiniya. Kai musu zanenka, a fara gwadawa da ƙarami marar matuƙi. Mahaifiyarka kuma ka faɗa mata yau. Ɓoyewar da ka yi ta nuna ka san abin da za ta ce.

Wallahu a'alam.