Asalin kalmar bouquet da ma'anoninta

Malama, kin tambaya me ya haɗa furannin amarya da kuɗin tashoshin talabijin, har duka biyun ake kiransu bouquet, kuma daga ina kalmar ta fito.

Kalmar Faransanci ce, ana furta ta "buke". Harafin t na ƙarshe ba ya fita. Masu cewa "buket" su ke sa a ruɗa ta da bokiti, ko da banquet wadda ke nufin liyafa, alhali ba su haɗa komai ba.

Tushenta ba fure ba ne. A tsohon Faransanci bosc na nufin daji, ƙaraminsa kuma bosquet, wato ɗan kurmi, itatuwa kaɗan da suka taru wuri guda. A hankali s ɗin ya faɗi a bakin mutane, kamar yadda forest ta koma forêt. Ita bosquet tana nan da ranta, da ita ake kiran ƙananan kurame na lambun fadar Versailles da ke Faransa. Daga kurmin itatuwa aka sauko zuwa damin furanni da ake riƙewa a hannu, kuma da wannan ma'anar Ingilishi ya are ta a farkon ƙarni na 18. Sai a ƙarni na 19 ta ƙara da ma'anar ƙamshin da ke tashi daga giyar inabi da ta daɗe a ajiye, masu turare ma suka ɗauka.

A ganina fassarar da ta fi dacewa ita ce "dami", don duk inda kalmar ta je, abubuwa ne aka tattara aka ɗaure. Shi ya sa Canal+ a Nijar da DStv a Najeriya ke kiran rukunin tashoshin da ake biya a wata da wannan suna.

Inda ta fi amfani ga mai girki shi ne bouquet garni, wato ɗan damin ganyayen ƙamshi da ake dafa romo da shi. Ana ɗaukar reshen faski 3, reshen tayim 2, da ganyen bay 1, wanda a Nijar aka fi sani da loriye. A ɗaure su da zaren auduga, a bar jelar zaren a maƙale a hannun tukunya, a jefa cikin romo tun farkon dahuwa, a cire kafin a zuba. Kada a yi amfani da zaren roba, zafi na lalata shi. In tayim ɗin busasshe ne, sai a ƙunsa a ɗan farin ƙyalle mai tsabta, in ba haka ba ya warwatse a miya. Ganyen bay kuma in ya yi yawa a ƙaramar tukunya, ɗaci yake kawowa.

Faransawa na kiran tartsatsin ƙarshe na wasan wuta, irin na daren 14 ga Yuli, ranar bikin ƙasarsu, bouquet final. Daga nan suka samo "c'est le bouquet", abin da mutum ke faɗa idan matsala ta hau kan matsala, kusan yadda muke cewa tura ta kai bango.