Tambaya da Amsa: Shin Akwai Sarakunan Gargajiya a Ƙasar Filifin?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malamin tarihi ne a wata makarantar sakandare a Gusau. Wani ɗalibina ya tambaye ni ko mutanen Filifin suna da sarakunan gargajiya kamar namu, na rasa amsar da zan ba shi. Don Allah a yi mini bayani.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malam. Suna da su, amma ba iri ɗaya ba, domin ƙasa ce mai tsibirai sama da 7,000 da harsuna fiye da 100, kuma kowace al'umma da yadda take tafiyar da al'amuranta.

Kafin zuwan Turawan Sifaniya, mazauna gaɓar teku suna zaune ne a ƙananan garuruwa da ake kira barangay, kowanne da shugabansa mai suna datu, wanda yake yanke shari'a, yake kuma jan gaba a wurin yaƙi. Ɗaya daga cikin irin waɗannan shugabanni shi ne Lapulapu, wanda mayaƙansa suka kashe Magellan, jagoran ayarin jiragen ruwan Sifaniya, a tsibirin Mactan a 1521. Bayan da Turawan suka kafa mulki daga 1565, sai suka mayar da datu-datu masu karɓar musu haraji, kusan yadda Ingila ta yi da hakimai da dagatai a ƙasar Hausa. A kudu kuwa, inda Musulunci ya riga su isa, akwai daular Sulu tun ƙarni na 15 da ta Maguindanao, kuma sarakunansu sun daɗe suna ƙin miƙa wuya.

Sai dai abin da na fi so ka kai wa ɗalibinka, Malam, shi ne labarin mutanen tsaunukan Cordillera da ke arewacin tsibirin Luzon, waɗanda ba su da fada ko gadon sarauta, amma suna da tsari mai ƙarfi. A wurin ƙabilar Kalinga, ana kiran dattijon da ake sauraron maganarsa pangat, kuma ba gadon matsayin ake yi ba, hikima da jaruntaka da iya sasanta rigima ne suke kai mutum can. Ginshiƙin zamansu shi ne bodong, wato alkawarin zaman lafiya tsakanin ƙauyuka biyu. Ana musayar mashi ko adda a matsayin shaida, a zauna a tsara sharuɗɗa kan iyakoki da kisa da sata da haƙƙin baƙo, sannan kowane ɓangare ya fitar da mutum ɗaya ya riƙe alkawarin. Idan ɗan ƙauyensu ya cuci wani daga ɗaya ƙauyen, shi ne zai tsaya a hukunta ɗan'uwan nasa ko a biya diyya, kuma a ganina wannan amana ta fi ta rawani nauyi.

An gwada ƙarfin wannan tsari a shekarun 1970, lokacin da gwamnatin Shugaba Marcos ta shirya gina madatsun ruwa huɗu a kogin Chico da tallafin Bankin Duniya, aikin da zai nutsar da gonakin shinkafa da ƙauyuka da makabartun kakanni. Ƙauyukan Kalinga da na maƙwabtansu 'yan ƙabilar Bontoc, waɗanda wasunsu ba sa ga maciji da juna, suka ƙulla bodong ɗaya suka ce ba su yarda ba. Ranar 24 ga Afrilu, 1980, sojoji suka harbe jagoransu, pangat Macli-ing Dulag, a gidansa da ke ƙauyen Bugnay. Kisan ya tayar da ƙura a ciki da wajen ƙasar, daga baya aka yi watsi da aikin.

A 1997 majalisar Filifin ta kafa dokar haƙƙin 'yan asalin ƙasa mai lamba 8371, wadda ta amince da filayen gado da shari'ar gargajiya, ta kuma wajabta neman yardar al'umma kafin a taɓa ƙasarsu. Duk da haka, har yau al'ummun Lumad, wato ƙabilun 'yan asalin tsibirin Mindanao da ke kudu, suna fama da kamfanonin haƙar ma'adinai da masu manyan gonaki a kan filayen da dokar ta ce nasu ne.